Neman Kan Makahon Maciji

A shekarar da na tashi gina ɗakina, ni kaina ban san abin da nake nema a duniya ba. Makaranta tun ina aji biyu na ƙaramar sakandare na bar ta. Ba kora ta aka yi ba. Wata safiya ce kawai na ga ƙafafuna sun wuce ƙofar makarantar, ni kuma ban ce musu su tsaya ba. Daga nan na taɓa faci, na taɓa kwandasta a bas ɗin Tsanyawa, na je Ungogo wajen ɗan baffana na koyi tuƙin adaidaita sahu, na dawo gida. Duk abin da na kama, kafin in saba da shi raina ya riga ya yi gaba.

Abu ɗaya ne ya ƙi fita daga raina: ɗaki nawa na kaina. A zaure nake kwana da ƙannena, duk wanda zai shiga gida sai ya tsallake ka.

Mu kuwa a garinmu fili shi ne babu. Gona tana manne da gona, gida yana manne da gona, in damina ta yi nisa dawar maƙwabci har leƙo mana tsakar gida take yi ta saman darni. Baba ba zai ba da ko kunya ɗaya a yi gini a kai ba. Wuri ɗaya ya rage, wani lungu a bayan rumbu, inda wani tsohon suri yake tun kafin a haife ni, ya yi doro kamar dattijo yana alwala.

Ran da na tambaye shi wurin, Baba ya daɗe yana gyaran ƙotar fartanya bai ɗago ba. Can ya ce, "Ka fasa surin, ka share wurin, ka yi rufi kafin ruwa ya sauka. In ka yi, naka ne. In damina ta same shi a buɗe, kuɓewa zan shuka a wurin, kai kuma ka san inda ka nufa."

Na san inda zan nufa. Ungogo, kwana a kujerar bayan adaidaita, gwiwa a naɗe, sauro yana shagali.

Bazara ce lokacin, irin wadda ko inuwa zafi take yi. Ƙasar suri ba ta fasuwa a bushe, sai an jiƙa ta. Sai in ja ruwa a rijiya in yi ta kwarara masa, in bar shi ya sha, sannan in sa diga. Ƙasar nan ita ce ta fi kowace kyau a tubali, shi ya sa duk abin da na fasa gefe nake tarawa. In digar ta shiga, wani ƙamshi ne yake tasowa, na ruwan farko, alhali ko ɗigo bai sauka ba. Ciki kuwa gari ne guda: lunguna, ɗakuna, gara farare suna ta gudu da 'ya'yansu a baki, kajin gidanmu suna bina kamar ranar suna.

Ina cikin haka wata hantsi na ɗaga wani gundumen ƙasa, sai na ga abu a ƙarƙashi ya naɗe yana sheƙi. Na zaci guntun awarwaro ne na roba. Sai ya warware. Tsawonsa bai fi taƙi da ɗan wani abu ba, kaurinsa kamar biro, launinsa ƙasa-ƙasa mai duhu da ɗigo-ɗigo masu haske, kamar an shafa masa mai. Abin da ya tsayar da ni shi ne, nan dunƙule, can dunƙule. Ba wuya, ba wutsiya mai siriri. Duk ta inda ka duba, ɗaya ne.

Kakata, mahaifiyar Baba, tana zaune a inuwar rumbu tana ɓarar gyaɗar iri. Ni da ita kullum cikin tsokana muke, ni ne mijin, ita ce uwargida.

Na ce, "Uwargida, zo ki ga tanar da ta sha man gyaɗarki."

Ta ce, "Mijin da ko ɗaki ba shi da shi, har yana da bakin kira na?" Amma ta taso tana dafa gwiwa. Tana leƙawa ta saki ƙwaryar. "Innalillahi! Ja da baya, ɗan nema! Mai kai biyu ne!"

A wajenmu in an kashe maciji a gida, ba a yar da shi haka nan. Sai an datse kan, an haƙa rami an binne shi daban, wai in ba haka ba abokin zamansa zai biyo sawu. Kowane maciji wannan ba wuya, kai a bayyane yake. Mai kai biyu ne matsala. Na ce a datse duka biyun mana. Kaka ta ce ai ɗaya ne na gaskiya, ɗayan na yaudara, in ka fara da na yaudarar, na gaskiyar zai nutse ƙasa da fushinsa ya zauna a ƙarƙashin shimfiɗarka. Na ce to a binne shi gaba ɗaya. Ta ce wa ya taɓa hukunta kifi da jefa shi a ruwa? Shi ya sa in an gan shi ba a taɓa shi, wurin ake bar masa.

Baba da ya dawo ya leƙa, kalma uku ya yi. "An fasa ginin."

Na durƙusa na ce, "Baba, in na gano na gaskiyar fa?"

Ya dube ni kamar yana lissafin ko yaushe zan gaji da wannan ma. Ya ce, "In ka gano, ka nuna min da idona, a yi masa yadda ake yi, ka ci gaba da gininka. Amma hadari ba ya jiran kowa."

Na sa shebur na kwashe shi da ƙasar da yake kai, na zuba a tsohon bokitin fenti, na yayyafa ruwa, na kai shi bayan rumbu.

Tunda nake ban taɓa zama wuri ɗaya ina kallon abu ɗaya kamar wannan karon ba. Sai in juye ƙasar a kan wani tsohon faranti, in tsuguna. Haske yana taɓa shi sai ya rikice, ya yi ta neman inda zai cusa kansa. In ya samu ƙasa mai laushi, ba haƙa yake yi ba, narkewa yake yi a ciki, kamar yadda ruwa yake shigewa yashi. Kana kallo, sai ka ga babu shi, ƙasar ma ba ta nuna an wuce ba. Yana tafiya gaba, yana tafiya baya, duk da sauƙi ɗaya. Ba mamaki mutane suka ce kai biyu ne.

Nakan gutsuro masa ɓangaren suri mai 'ya'yan gara, ko in ɗaga dutse in kwaso masa ƙwan tururuwa. Manyan su yi ta cizonsa, bakinsu yana zamewa a jikinsa kamar a kan tangaran, shi ko a jikinsa. In na bar ƙasar ta bushe sai ya yi laushi, sheƙin ya dushe, in na yayyafa ruwa ya dawo. Ran da na fara taɓa shi da sanda ya saki wani wari mai hawa kai, kamar na ruɓaɓɓiyar albasa, na gane iyakar faɗansa ke nan. Wata rana na tarar da saɓarsa a bokitin, ba doguwa kamar ta sauran macizai ba, a tattare take kamar ƙananan zobba.

Da rana ta take, in na jingina da rumbu, sai tunani ya ɗauke ni. In ga gonakin garinmu daga ƙasa, ba daga sama ba. A sama kowace kunya da mai ita, kowane gawo shaidar iyaka ne, an sha zuwa gaban mai unguwa a kan taƙi ɗaya. A ƙasa kuwa ba iyaka. Hanyoyi ne sirara masu sanyi suna bi ta ƙarƙashin gonar liman, su ɓulla ta ƙarƙashin masallaci, su zagaye rijiya, su wuce maƙabarta ba sallama. Saiwoyi suna reto kamar igiyoyi. Sawun mutane da jakuna yana zuwa kamar ganga daga wani gari. Shi kuma yana bi a hankali, ba ya ganin komai, ba ya kuma ɓata. Ni mai ido biyu na je har Ungogo na dawo ban san inda na dosa ba. Wani lokaci sai kiran salla ne yake dawo da ni, in ga inuwar ta gudu ta bar ni a rana.

A kan farantin nan na fara ganin harshen. Ɗan mitsitsi, fari-fari, mai reshe biyu, ya leƙo ya koma. Kullum ta gefe ɗaya. Da na kwanta rub da ciki na matso, sai na ga bakin, can ta ƙasa, kamar shatar farce a jikin sabulu. A samansa kuma ɗigo biyu baƙaƙe, dishi-dishi, a ƙarƙashin ɓawon, kamar ka hango ƙwayar riɗi ta cikin leda.

Na ruga wajen Kaka. "Uwargida, na gano kan kishiyar taki."

Ta ce, "Yaro man kaza. Wanda ka gani na rani ne. Na damina barci yake, ruwa na sauka zai farka."

Na ga in dai a gida ne ba za a ƙare ba. Ranar kasuwar Tsanyawa na ɗaure bakin bokitin da tsumma na shiga bas. Wata mata ta tambaye ni ko daddawa ce, na ce iri ne. A gefen 'yan kaji akwai wani gardi da yake baza kolinsa, tsoho mai jan ido, yana wasa da macizai yana sayar da magani. Na jira taron ya watse na buɗe masa.

Ya yi dariya har da tari. "Samari, wannan ka ɗauko a mota? Ka biya masa kujera?" Ya sa hannu ya ɗauke shi kamar carbi.

Na ce, "Malam, maciji ne ko tana?"

Ya ce, "Maciji ne, makaho. Ai macizai gida-gida ne. Akwai masu bin reshe. Akwai na ciyawa da rami, su kububuwa da kasa da gamsheƙa, masu aika mutum lahira. Akwai na ruwa. Sannan akwai na can ƙarƙashi, waɗanda ba ruwansu da rana. Wannan a cikinsu ma shi ne talaka. Bakinsa ko ɗan ƙaramin yatsanka ba zai kama ba." Ya juya shi. "Dubi cikinsa. Sauran macizai cikinsu faffaɗan ɓawo ne a jere kamar matakala. Shi ciki da baya duk ɗinki ɗaya ne."

Ya kama hannuna ya ɗora min shi. Sanyi, santsi, da wani ƙarfi da ban zata ba, yana tura kansa tsakanin yatsuna yana neman ƙasa. Sai na ji tsini a tafin hannuna, na zabura.

"Wutsiyar ke nan," in ji shi. "'Yar ƙaya ce a ƙarshenta, da ita yake dogarawa in zai tura. Ba komai a cikinta." Sai ya daina dariya. "Amma ka ji da kyau. Akwai wani baƙi wuluk, shi ma a ƙasa yake, shi ma wutsiyarsa guntuwa mai tsini. Shi idonsa a fili yake, cikinsa mai matakala. Ko a wuya ka riƙe shi, ta gefen baki yake zaro haƙori ya caka maka. Shi ya ɓata wa wannan suna. In ba ka tabbata ba, kar ka sa hannu."

A hanyar dawowa na tura hotonsa ga wani abokina da muka zauna benci ɗaya, shi ya ci gaba, yana kwalejin aikin gona. Ya turo min murya. Wai masana ma a cikin macizai suka sa shi, don yana da ƙashin baya da ɓawo da harshe mai reshe, tana kuwa ba ta da ko ɗaya. Amma sun ware musu dangi nasu daban, wai tun da wuri suka raba hanya da sauran macizai suka shige ƙasa. Wasu sirara kamar zare, wasu sun kai yatsa. Ƙwai suke yi, dafi kuma babu. Ya ƙare da cewa, "Shegen, da ka zauna a aji da yanzu kai kake gaya min." Na saurara sau biyu, ina kallon gabas ta tagar bas. Gajimare ya fara taruwa a can ƙasa-ƙasa, fari tukuna.

Washegari bayan azahar na kai wa Baba farantin a gindin darbejiyar ƙofar gida. Ya fito da wuƙarsa. Kaka ta tsaya daga bakin zaure. Na nuna masa harshen, na gaya masa abin da gardi ya ce da abin da waya ta ce.

Ya ce, "Mai sayar da magani da waya. Shaidunka ke nan?" Ya gyara zama. "Kowace dabba da kanta take faɗa. Inda ya kawo hari, nan ne kai."

Ya danne tsakiyarsa da bayan wuƙa. Abin ya yi ta murɗewa, gefe ɗaya yana neman ƙasa, ɗayan ya lanƙwaso ya dogara a kan babban yatsan Baba.

Wuƙar ta faɗi. Baba ya riƙe hannu, ya ce a hankali, "Ya sare ni. Ga kan nan."

"Baba, wallahi wutsiya ce!"

Ba wanda ya ji ni. Kaka ta riga ta cire ɗankwali ta ɗaure masa dantse, ta ja da haƙori. Wani maƙwabci ya ce a kawo babur a tafi asibiti. Baba ya girgiza kai, ya ce wanda mai kai biyu ya sara ba a wahalar da shi a hanya. Aka shimfiɗa masa tabarma, ya kwanta ya fuskanci gabas.

Na rasa yadda zan yi. Sai na ɗauki abin da hannuna, kowa yana gani, na juya cikinsa na sake dubawa, na kama wutsiyar na danna ta a wuyan hannuna, na sake dannawa a kumatuna.

Kaka ta ɗora hannu a ka. "Na shiga uku! Ɗa da miji rana ɗaya!"

Na mayar da shi bokiti na zauna a gefen tabarmar. Na ce, "Baba, in tafiya ce, tare za mu."

Mutane suka ja gefe suna salati ƙasa-ƙasa. Iska ta tsaya cak. Furen darbejiya yana sauko mana ɗaya-ɗaya, ƙanana farare, a kan rigar Baba, bai kaɗe ba. Daga nesa wata kurciya tana ta maimaita abu ɗaya. Ban san tsawon lokacin da muka ɗauka ba, na ji dai kamar mu biyu muna cikin kwalekwale ne an sake shi.

Sai Baba ya fara magana, idonsa a kan ganye. Ya gaya min gawon da yake iyakarmu ta arewa da wanda ba namu ba. Ya ce in kula da Kaka. Sannan ya ce surin nan a kan kufan ɗakinsa ya tashi, ɗakinsa na samartaka. Shi ma ya taɓa barin garin nan, ya yi shekaru yana dako a Ikko, da ya dawo ya tarar ɗakin ya zube gara ta gaje shi. Ban taɓa jin wannan ba, ko a bakin Kaka.

Ya ce, "Na ba ka wurin ne ko ƙafarka za ta yi nauyi. Hannun ya mutu, sanyin yana hawowa."

Na duba hannun. Ya kumbura ya yi duhu, amma daga inda ɗankwalin ya shaƙe ne zuwa ƙasa.

Ladan ya kira la'asar. Baba ya juyo da kai ya dube ni.

"Kai, me kake ji?"

Na ce, "Yunwa."

Wani daga cikin maƙwabta ya kasa riƙe dariya, ya mayar da ita tari. Kaka ta matso tana hararar kowa, ta kwance ɗaurin. Baba ya yi ta yarfe hannu, jini yana dawowa yana masa tsiko-tsiko. Ya kai yatsan kusa da ido, ya juya shi, ya nemi wurin saran. Ko ja bai yi ba. Ya tashi ya karɓi buta ya yi alwala.

Da aka idar da salla ya ce in sake juye macijin a faranti. Wannan karon shi ya kwanta rub da ciki, da furfurarsa da komai, ni ina nuna masa da tsinke. Ya daɗe a kan ɗigo biyun nan.

Ya ce, "Allah mai iko. Ya yi masa ido, ya kuma lulluɓe masa."

Wuƙar tana nan a ƙasa inda ta faɗi. Na ɗauko na miƙa masa ta ƙota, don na san sharaɗin, kuma ɗakin nake so. Ya karɓa, ya goge ta a gefen tabarma, ya mayar kube.

"Kai shi gindin juji, wajen da yake da danshi. Bai yi mana komai ba."

Na ce, "Ginin fa, Baba?"

Kaka ce ta amsa. "Ka gina ɗin. Amma kar ka sa ran zan tare a ɗakin da aka yi a kan gidan macizai. Ka nemi wata."

Na kai shi bayan gida inda muke tara taki, na tona da hannu har na ji sanyi, na ajiye shi. Ya ɗan tsaya, harshen ya leƙo sau ɗaya, sannan ya shige.

Da gari ya waye na zagaya bayan rumbu da guga, sai na tarar Baba ya riga ni. Ya naɗe wando har gwiwa, yana cikin ramin yana taka ƙasa, ya zuba mata ciyawa.

Ya ce, "Kallona ka zo yi? Jawo ruwa. Wannan kwaɓin naka ko akurki ba zai riƙe ba."

Shi yana dunƙula tubali, ni ina jerawa a rana. Da suka bushe shi ya hau bango, ni ina cilla masa. Ran da muka ɗora kwanon ƙarshe gabas ta riga ta yi baƙi, iska tana fizgar kwanon a hannunmu, Baba yana ta min faɗa in danne da gwiwa. Yaɓen bangon arewa ma bai gama bushewa ba ruwan ya sauko, ya wanke gefe guda, sai da na sake shi bayan girbi. A ciki na yi daminar nan gaba ɗayanta.